Zanen Makoki a Wayar Bude Wartini

A unguwarmu ta Laweyan da ke birnin Solo, in ka ambaci Bude Wartini, kowa da abin da zai ce. Matan da ke zana batik a gidanmu, wato yadin da ake yi wa ado da kakin zuma kafin a rina shi, sun ce tun daga bakin ƙofa take jin warin kakin da ya ƙone, ta kuma faɗi wadda ta ƙona shi. Dillalan kasuwar Klewer sun ce gara ka yi ciniki da bango. Mai sayar da wainar kwakwa a bakin layi ta ce Bude ce ta saya mata kasko lokacin da nata ya fashe, ta kuma gargaɗe ta kada ta kuskura ta yi godiya a gaban mutane.

Amma akwai abu ɗaya da bakin kowa ya zo ɗaya a kansa: ba a taɓa jin ta ce wa ɗan Adam "ka yafe mini" ba. Ko ranar Sallah, in muka jeru muna durƙusawa a gwiwarta muna neman gafara, hannu kawai take ɗora maka a ka ta ce, "To, na ji." 'Yarta Tutik, da muke ce wa Mbak, wato yaya, cewa take yi in Bude ta taka ka, kai za ka ba ta haƙuri don ka sa ƙafarka a ƙarƙashin tata.

Masu karatu, wannan matar ita ta raine ni. Yayar mahaifiyata ce, shi ya sa nake kiranta Bude, wato babbar uwa a yarenmu. Ni sunana Wening. Da mahaifiyata ta rasu ina ƙarama, karatuna ya tsaya, na zauna cikin matan gidan da ɗan bututun tagulla a hannuna ina ɗiga kaki a kan farin yadi. A nan na koyi yin shiru. In kana zana layi da kaki mai zafi, numfashi ma sai ka nemi izininsa. Sai da na girma na koma ajin manya na ranar Asabar, kuma a can na haɗu da Uda Nofri (Uda yaya ke nan a yarensu), mutumin garin Bukittinggi mai nisa, wanda yake koya mana kwamfuta. Siriri ne, da tabarau da kullum suke zamowa kan hancinsa. In ya yi tambaya yakan jira amsa, ko da amsar ta daɗe. Ni kuwa amsata tana daɗewa.

Bude ba ta ƙi shi ba, ba ta kuma so shi ba. Ita hankalinta yana kan Mas Danang, ɗan ƙawarta mai rumfunan yadi, wanda ya san kowane zane da sunansa tun yana rarrafe. Da na samu ƙarfin halin ambata mata Uda Nofri, sai ta ce, "Mutum a aikinsa ake saninsa, Nduk, 'yata. Ya yi wa gidan nan shafin intanet ɗin da kuke ta damuna da shi. In hannunsa ya yi kyau, kawunsa ya zo mu gaisa. In bai yi ba, kin san mutanen da ke jira."

Ranar da Uda Nofri ya zo ɗaukar hotuna har yanzu nakan rufe ido in koma cikinta. Mun hau benen shanya da hantsi. Zannuwa a rataye layi-layi, ruwan ƙasa da shuɗi mai duhu, iska tana ɗaga su tana sauke su, rana tana ratsowa ta cikinsu har fuskar mutum ta zama launin shayi. Ina sanye da rigar kebaya ruwan toka da ɗankwali mai laushi da na goge har sau biyu. Ya ce zai jera hotunan a saman shafin, su riƙa wucewa da kansu ɗaya bayan ɗaya, kamar mutum yana tafiya a cikin benen nan.

A can ƙarshen layi akwai wani zane da ba na sayarwa ba. Truntum ne, baƙi da ƙananan furanni kamar taurari sun zube a kansa. Bude ta zana shi da hannunta tun ina yarinya, ta ninke ta ajiye, sai lokaci-lokaci take sa a fito da shi ya sha iska. A wurinmu, shi iyayen amarya ke ɗaurawa ranar biki.

Na ce, "Uda, ɗauki wannan. Ka sa shi a ƙarshe."

Ya gyara tabarau. "Sauran fa, Dik Wening, ƙanwata? Wanne ne farko?"

"Yadda ka ga ya yi kyau."

Ya tambaye ni ma'anar baƙin zanen, na yi kamar iska ta ɗauke maganar. Ku fahimce ni. Ba zan iya tsayawa gaban Bude in ce na shirya, ki ɗaura mini zanenki ba. Bakina ba zai ɗauka ba. Amma in hotuna suka wuce a gabanta har suka kai kan wannan, za ta ji abin da na ce ba tare da na buɗe baki ba.

Ranar buɗe shafin an dafa shinkafa rawaya mai tsini, an kewaye ta da ƙwai da soyayyen tempe na waken soya. Bayan la'asar aka shimfiɗa tabarmi a babban zaure, mata masu zane da masu rini duk suka zauna. Bude tana kan kujerarta ta katako, gashinta a naɗe da tsinken azurfa. Uda Nofri ya sa rigar batik da ya ara, hannun ya yi masa gajere. Aka yi addu'a, ya tura adireshin shafin a zauren hirar gidan na waya, wayoyi suka yi ƙara a tare.

Hoton farko ya fito. Slobog ne. Zane mai gida-gida da aka raba da kusurwoyi, wanda muke ɗaurawa in za mu gaisuwar mutuwa, muke kuma lulluɓa wa mamaci. Mbak Tutik ta ɗago gira ta kalle ni. Amma kafin kowa ya ce uffan hoton ya zame gefe, wani ya maye gurbinsa, sai wani. Mata suka hau murna.

"Ga nawa! Ga wanda na zana!"

"Ke Mbok Sarni, kalli inda hannunki ya karkace, duniya duk za ta gani."

"Hannun uwarki ne ya karkace."

Ana ta dariya. Ni kuwa Bude nake kallo. Ta riƙe wayarta nesa da fuska yadda ta saba, ba ta motsi. Ta jira. Ta ƙara jira.

"Naku ya wuce?" ta tambaya a hankali.

"Ya wuce, Bu," in ji Tutik ga mahaifiyarta. "Har ya zagayo."

"Nawa bai wuce ba."

Uda Nofri ya matso a gwiwa ya miƙa hannu, ya kira Bude da Ibu, wato uwa. "Ibu, bari in duba, ƙila sabis ne…"

Ta kife wayar a cinyarta. Tutik ta raɗa masa a kunne abin da zanen yake nufi, na ga jini ya bar fuskarsa. Ya fara ba da haƙuri, kalmomi suna tuntuɓe da juna, yana cewa ya zaɓe shi ne don layukansa sun fi fitowa a ƙaramin gilashi. Bude ta yi murmushin nan nata na baƙi, ta ce da murya mai taushi kamar auduga, "An gode, Nak, ɗana. Ka ci shinkafa kafin ka tafi."

Duk wanda ya tashi a Solo ya san ma'anar wannan. An rufe ƙofa ke nan, an kuma sa mata sakata da ladabi.

Da kowa ya watse Bude ta kira ni ɗakinta. Ba ta ɗaga murya ba.

"Rashin sani ba laifi ba ne, baƙo ne. Amma zanen nan ya wuce kowa, Nduk. Ya wuce Sarni da ta girme ni. A kaina kaɗai ya tsaya. Yaro ya shigo gida da abu irin wannan a ƙafarsa, ban ga dalilin da zai sake shigowa ba."

Na sunkuyar da kai.

Tun daga ranar wayata ba ta huta da saƙonnin Uda Nofri ba.

"Dik, na cire hoton gaba ɗaya. Na sa mai tsuntsaye a farko."

"Ta ce cirewa ba ta goge abin da ta gani. Ta ce a gaya mata dalilin da ya sa ya tsaya mata ita kaɗai."

"Ki ce ta share tarkacen da wayar ta ajiye ta sake buɗewa."

"Uda, ta ce ba za ta sake buɗe shi ba har abada."

"To ki ɗauko mini wayar, ko na ɗan lokaci."

Na tura masa fuskar dariya mai hawaye. Wayar Bude a cikin ɗamarar cikinta take kwana take tashi. Gara ka ce in ɗauko maka haƙorinta.

Bai haƙura ba. Ya je rumfar wani abokinsa mai gyaran waya ya ari irin tata sak, hotuna suka wuce lafiya. Ya gwada da sabis mai rauni, suka wuce, sai dai a hankali. Ya sa wayar a yanayin tattalin batir, suka wuce. Ya nemo tsohuwar manhajar buɗe shafi ya gwada, suka wuce. Ya bi rubutun da ya gina shafin da shi layi-layi ko wani abu yana karo da wani, bai ga komai ba. Kowane gwaji sai ya turo mini ɗan bidiyo, zannuwanmu suna ta shawagi a wayoyin mutanen da ban sani ba, a kan teburin shayi, a cikin motar haya, a hannun wani mai gadi. Nakan zauna a bakin rijiyar bayan gida in yi ta kallonsu. Ko'ina a duniya suna tafiya, ban da wuri ɗaya da nake so su tafi.

"Na fara tunanin ko Ibu tana da gaskiya," ya rubuto wata rana.

"Kai ma?"

"Wasa nake. Na'ura ba ta san gaibu ba. Akwai dalili, ban gan shi ba ne kawai."

Ana cikin haka mahaifiyar Mas Danang ta zo da kwalin kek mai hawa-hawa da awarwaro har gwiwar hannu. Na kai musu shayi a tire, ta riƙe hannuna tana juya shi. "Kai, yatsun nan! Irin waɗannan ai gidan yadi suka dace da shi." Ina fita na ji Bude tana cewa su zo ranar Lahadi a zauna kan maganar aure.

A kicin Tutik tana cin kek ɗin da hannu biyu. "Ƙanwata, ki saki jiki. Danang ba shi da aibu sai tumbi, tumbi kuwa alamar rumfa ce. Naki malamin ko hoto ya kasa turawa, ina zai iya tura keken jariri?"

"Mbak!"

"To yi magana mana! Kin tsaya kina kallona kamar kifi a faranti. Wallahi in ba ki buɗe baki ba, ranar Lahadi za a gama komai kina zuba shayi."

Ta faɗi gaskiya, shi ya sa ya yi zafi.

Washegari da rana aka yi ruwa. Irin ruwan nan mai sauka a miƙe, ya sa rufin ƙasa ya yi ta waƙa, ƙamshin kaki da jiƙaƙƙiyar ƙasa su haɗu su cika gida. Aka sauke aiki. Bude ta zauna a barandar ciki ta kwance gashinta ta ce in zo in cire mata furfura. Tun ina yarinya aikina ne. Na zauna a bayanta a kan ɗan benci, gashin yana zuba a cinyata, yana ƙamshin man kwakwa da ganyen pandan. Idona yana kan furfura, hankalina ya tafi can Bukittinggi da ban taɓa gani ba, inda ya ce hazo yana shigowa har cikin ɗaki ya zauna da mutane.

Ta ciro wayarta tana duba saƙonnin dillalai. Ta saman kafaɗarta nake hango gilashin, ba da niyya ba. Ta taɓa wani saƙo, ya bayyana. Ta koma baya, ya ɓace. Na ci gaba da kallo. Wani abu ya yi mini baƙo, na kasa kama shi, sai da ta buɗe na uku. A wayata, in na taɓa abu, zamowa yake yi daga gefe, ko ya kumbura ya cika gilashin. A tata babu wannan. Abu yana nan, ko ba ya nan, kamar kunna fitila da kashewa. Babu abin da ke tafiya.

Sai wasu abubuwa suka fara dawo mini, waɗanda kunnena ya ajiye ban tambaye shi ba. Takunta da safe ya canja, tana jan ƙafa ɗaya kafin ta saki bango. Ta daina hawa benen shanya, ta ce gwiwa ce. Kuma a lokacin nan ma, da iska ta kaɗa labulen baranda, na ji wuyanta ya ƙage a ƙarƙashin hannuna, ta rufe ido har labulen ya tsaya.

Da na gama na shiga ɗaki na rubuta masa abin da na gani. Bai amsa da rubutu ba, kira ya yi.

"Dik, sake faɗa mini. Babu abin da ke zamewa? Ko ɗaya?"

"Ko ɗaya."

Ta cikin wayar na ji ruwan da ke sauka a nasu rufin. "Ya Allah. Ni ne. Ni na sa shi da hannuna."

"Me ka sa?"

"Akwai wani saiti a waya da ke kashe duk wani motsi. An yi shi don mutanen da motsin gilashi ke sa wa jiri. Amak, mahaifiyata, tana da wannan ciwon, in hoto ya zame a gabanta sai ɗaki ya juya da ita har ta yi amai. Tun daga nan, duk shafin da na gina nakan sa masa sharaɗi: in waya ta ce mai ita ba ya son motsi, hotuna su tsaya cak, sai in shi ya taɓa kibiya. Na saba sa shi har na daina ganinsa. Shafin bai lalace ba, Dik. Biyayya ya yi mata."

Na zauna a bakin gado. Daɗi ya taso mini, kafin ya kai ƙirji ya tsaya.

"Uda, saitin nan yana kunna kansa?"

"A'a. Sai an shiga can ciki an kunna. Kuma ba wanda ke nemansa sai mai buƙata."

Mun gane abu ɗaya.

"Ba ta gaya wa kowa ba ko?" ya tambaya.

"Ko Mbak Tutik ba ta sani ba."

"To ba zan zo in wanke kaina da asirinta ba. In na faɗi dalili a gaban mutane, na tona ta ke nan. A bar shi a kan aikina ne bai yi kyau ba."

"Ranar Lahadi fa?"

Na ji yana gyara tabarau, na san ƙarar.

Masu karatu, ban san daga ina ƙarfin ya zo ba. Ruwa bai tsaya ba, Bude tana nan a baranda tana naɗe gashinta. Na dawo na durƙusa a gefen kujerarta, na riƙe gefen zanenta kamar yadda nake yi ina ƙarama.

"Bude, tun yaushe ɗaki yake juyawa da ke?"

Hannunta ya tsaya a kan tsinken azurfa. Na jira. Jira dai na iya shi. Ruwa ya yi ta zuba daga indararo cikin randa, randar ta cika ta fara tumbatsa.

"Tun kafin azumi," ta ce daga ƙarshe, ba ta kalle ni ba. "Wata ma'aikaciyar asibiti ce ta taɓa mini wayar, ta ce zai rage. Likita ya ce ciwon a cikin kunnena yake, ba ya kisa. Amma likita yaro ne." Ta ja numfashi. "In dillalai suka ji Wartini tana dafa bango, washegari za su zo da farashin marar lafiya. In matan nan suka ji, za su fara tausayina. Ban san wanda ya fi muni ba."

"Shi ya sa da hoton ya tsaya…"

"Na ce to, an aiko ke nan." Muryarta ta yi ƙasa. "Kullum in na idar da salla sai in gan shi a idona. Na fara tunanin wa zan bar wa ke. Danang dai na san gidansu."

Sai a lokacin na gane gaggawar Lahadi. Na gaya mata duk abin da Uda Nofri ya faɗa, da mahaifiyarsa, da sharaɗin da yake sa wa kowane shafi. Na gaya mata ya ce gara a ce aikinsa ya ɓaci da ya tona ta. Ban taɓa yin magana mai tsawon wannan a gabanta ba.

Ta daɗe tana kallon randar. Sannan ta ce, "Kira shi. Gobe Juma'a, lokacin da mata suka tafi gida. Ki ce ya mayar da zanen makokin farkon shafin, inda yake a da."

Ya zo bayan an sauko daga masallaci, da farar riga da hula baƙa, takalmansa a hannu tun daga ƙofa. Zauren babu kowa, sai rana da ta shigo ta tagogin sama ta kwanta a kan tayil. Ya durƙusa nesa da kujerarta ya fara, "Ibu, game da zanen nan, da na tambaya…"

"Kai ka riga ka faɗi naka ranar, har ya yi yawa. Matso."

Ta sa hannu cikin ɗamararta ta ciro wayar. Na rantse na ji Tutik ta ja numfashi a bayan labule, inda ta maƙale da tiren shayi. Bude ta buɗe shafin da kanta. Slobog ya fito ya tsaya. Ta kalle shi ido cikin ido.

"In kashe saitin ya tafi da kansa?" ta tambaya.

"A'a, Ibu, kada ki kashe, zai sa miki jiri. Ga kibiya nan a gefe. Da ta yi fari da yawa ba a ganinta, na ƙara mata girma da duhu. Ke za ki ce masa ya tafi."

Ta ɗaga yatsanta, wanda rini ya riga ya zauna a farcensa, ta taɓa. Zanen makoki ya ɓace. Mai tsuntsaye ya bayyana, ba zamewa, ba kaɗawa.

Daga bayan labule Tutik ta kasa daurewa. "Ai dama! Gidan nan ko hoto bai isa ya motsa ba sai Bu ta ba shi izini."

"Fito da shayin nan kafin ya yi sanyi, munafuka," in ji Bude, amma gefen bakinta ya motsa.

Ta ci gaba da taɓawa. Kowane zane sai ta tsaya ta duba shi kamar an kawo mata daga rini. Wannan na Sarni ne, ta ce, ga inda ta yi gyangyaɗi. Wannan hasken ya yi, ya fito da ruwan ƙasan yadda yake. Ni kuwa na san abin da ke tafe. Na ji kamar muna benen shanya mu duka, muna ratsa layi bayan layi, iska ta tsaya don ta bar ta ta wuce.

Ta taɓa na ƙarshe. Baƙin zane ya cika gilashin, da taurarinsa.

Ba ta taɓa kibiya ba. Ta kai yatsa kan wani ɗan fure a kusurwa, wanda ya fi sauran girma kaɗan, inda kaki ya ɗiga mata shekarun baya ta mayar da ɗigon fure.

"Wannan ba na sayarwa ba ne. Wa ya ce a sa shi?"

Uda Nofri ya buɗe baki zai ɗauki laifin, na riga shi.

"Ni ce, Bude. Ni na ce a sa shi a ƙarshe."

Ta juyo ta kalle ni. Ta kalli shi, da ke durƙushe yana raba ido, bai san abin da ake ciki ba har yanzu. Ta sake kallona. Na ga saƙona ya isa, bayan duk wannan tsaiko.

"Tutik, ciro mini truntum ɗin nan daga akwati a rataya shi. Ninkin ya kwanta a jikinsa, yana son lokaci kafin ya saki."

Tutik ta dire tiren har kofuna suka yi ƙara. "Maman Mas Danang fa, Bu? Jibi ne Lahadi, har ta sa an yi mata ɗinki."

"Wannan tsakanina da ita ne."

Ta dafa hannun kujera za ta tashi. Ɗakin ya ɗan juya da ita, na gani, wannan karon ba ta ɓoye ba. Ta miƙa hannu, ba ga bango ba, ba gare ni ba. Uda Nofri ya yi sauri ya tare ta da kafaɗarsa. Ta tsaya a haka har idonta ya daidaita, tana riƙe da hannun farar rigarsa, ni da Tutik muna tsaye kamar an dasa mu.

Sannan Bude Wartini ta ɗaga murya yadda ko mai wucewa a bakin layi zai ji, ta ce, "Nak Nofri, ka tausaya mini tun ba ka san ni ba, ni kuma na kore ka da shinkafa a baki. Na zalunce ka. Ka yafe mini."